Kurakuran da Ake Yi Wajen Zuba Ruwa a Na'urar Wanke Tsakanin Haƙora

Na'urar da ke fesa ruwa tsakanin haƙora, irin wadda aka fara ƙerawa a Amurka a shekarar 1962 da sunan Waterpik, tana aiki ne da ƙarfin ruwan da take harbawa, wanda ke fitar da guntun abinci da dattin da ya maƙale a gindin dasashi. Saboda haka tsaftataccen ruwa mai ɗan ɗumi ya wadatar, kuma mafi yawan matsalolin suna farowa ne daga son ƙara masa wani abu.

Kuskuren da ya fi yawa shi ne zuba ruwan gishiri. Mun saba kurkure baki da shi idan dasashi ya kumbura, kuma yana da amfani, amma gishiri yana taruwa a cikin siraran bututun na'urar har ya toshe su ya rage ƙarfin ruwan, shi ya sa masu ƙera ta suka hana. Wanda yake buƙatarsa sai ya kurkure da kofi bayan ya gama. Haka ma man kanumfari da ake ɗigawa a haƙori mai ciwo, ba ya narkewa a ruwa, yana lalata robar ciki, kuma idan ya yi ƙarfi yana ƙona dasashi. Aidin da bilic kuwa kada ma a kusanto da su.

Maganin kurkure baki ba laifi ba ne, matuƙar an sirka shi yadda ba zai wuce rabin abin da ke tankin ba, sannan a bi shi da ruwa zalla don wanke bututun. Shi kuwa chlorhexidine, wani maganin kurkure baki mai kashe ƙwayoyin cuta, sai da umarnin likitan haƙori, domin daɗewa ana amfani da shi yana rina haƙora.

Akwai kuma waɗanda ke ɗaukar ruwan rijiya ko na burtsatse kai tsaye, alhali yashi da farin ƙasa-ƙasan da yake bari suna kashe na'urar sannu a hankali. A tace shi, ko a yi amfani da ruwan sha na gora, kuma kada a bar ruwa ya kwana a tanki. Duk bayan wata ɗaya zuwa uku a zuba farin ruwan khal cokali biyu cikin ruwan ɗumi, a kunna na'urar ta fesar da shi a kwano, sannan a sake cika ta da ruwa zalla a fesar.