Yadda Ake Zana Taswirar Taurarin Saman Zariya

Muna yara a cikin birnin Zariya, yayanmu ya taɓa shirya mana labarin wata ƙungiyar asiri ta masu zanen taurari. Wai in dare ya raba sai su hau Dutsen Kufena da tawada da fatar akuya, kowa ya ɗauki yankinsa na sama ya zana, ba mai yi wa wani magana, kafin kiran assalatu sun watse. Shi ya ƙirƙiri abinsa don mu yi shiru mu kwanta. Ni dai labarin bai sake ni ba, har na girma na gane aikin da ya ɗora wa mutanen nan abu ne da kowa zai iya yi a tsakar gidansu da fensir da hannunsa.

Fara da zaɓen dare. A Zariya babu kamar ƙarshen Oktoba zuwa Nuwamba, ruwa ya ɗauke ya wanke sama, hazon hunturu kuma bai sauko ba. Duba kwanan watan Musulunci: daga 25 ga wata zuwa 2 ko 3 ga sabo, farin wata ba zai dame ka ba. Wuri kuma, saman soro ko filin makarantar unguwa ya wadatar. Ban ba kowa shawarar hawa Kufena da dare ba, a bar wa mutanen labari. Wanda ke gefen gari, kamar Shika ko bayan Samaru, ya fi na Sabon Gari samun duhu, daren da aka ɗauke wuta kuwa garaɓasa ce ga kowa.

Tun da rana ka shirya takardarka. Kifa faifai a kan farin kwali ka zagaye shi da fensir. Bakin da'irar shi ne inda sama ta haɗu da ƙasa, tsakiyarta kuma saitin tsakar kanka. Ƙara ƙananan da'irori biyu a ciki, tazararsu daidai wa daida. Sai ka rubuta arewa a sama, kudu a ƙasa, gabas a hagu, yamma a dama. Gabas a hagu, na sake faɗa. Taswirar ƙasa kallonta ake yi daga sama, ta taurari kuwa ɗaga ta ake yi bisa kai, shi ya sa kusurwoyin ke juyawa. Ta farko da na yi, gabas na sa a dama, sai da na ɓata dare uku ina mamakin me ya sa komai ya fito a birkice.

Ma'auninka hannunka ne. Miƙe shi sosai ka dunƙule: faɗin dunƙulen ya kai kimanin digiri 10 a sama. Daga ƙasa zuwa tsakar ka dunƙule 9 ne, wato kowane zobe a takardarka dunƙule 3 ke nan. Ka ɗaure bakin tocila da jar leda, ka ajiye waya, ka ba idonka minti 20 zuwa 30 ya saba da duhu. Kallon waya sau ɗaya yana mayar da kai baya.

Yanzu nemo turken aikin, tauraron arewa. Zariya tana kan digiri 11 arewa da layin da ya raba duniya biyu, saboda haka tauraron yana sama da ƙasa da dunƙule ɗaya da ɗoriya kaɗan. Ba shi da wani haske na a zo a gani, kuma katanga ko bishiyar rimi na iya tare shi. A Nuwamba da misalin tara na dare, duba arewa za ka ga taurari biyar masu siffar harafin M, sama da ƙasa da kamar dunƙule 4. Shi yana ƙarƙashinsu. Taurari bakwai ɗin nan masu kama da ludayi, waɗanda Larabawa ke kira Banatu Na'ash, a wannan watan sai gab da asuba suke bayyana sosai. In ka same shi, ɗiga shi. Daga nan zana abubuwan da ke kewaye da kai a bakin da'ira: hasumiyar masallaci, ƙarfen sabis, tankin ruwan maƙwabta. Su za su riƙa nuna maka saiti.

Juya gabas. Kaza da 'Ya'yanta, wato Suraiya, ta yi sama a dunƙule kamar 'yan tsaki. Mai ido yana ƙirga shida ko bakwai. Ƙasa da ita, wajen tara da rabi, taurari uku a jere suna tasowa daga ainihin gabas, su ne ɗamarar gungun taurarin da ake kira Jauza'u. Bi layinsu ƙasa, wajen goma Shi'ira za ta ɓullo, tauraruwar da ta fi kowace haske da dare, wadda aka ambata a aya ta 49 ta Suratun Najmi. Ga kowace tauraruwa tambaya biyu za ka yi: saitin me take a ƙasa, kuma dunƙule nawa ta hau? Mai haske ka yi mata babban ɗigo, mai dishi-dishi ƙarami. Taurari 20 sun isa a daren farko.

Ka yi sauri. Sama tana juyawa digiri 15 a awa guda, dunƙule ɗaya da rabi ke nan, don haka in ka wuce rabin awa farkon zanenka zai saɓa da ƙarshensa. A nan ne hikimar yayanmu ta fito: ku huɗu ku raba kusurwoyi, kowa da tasa takardar, gobe da rana a haɗa. Wanda ka ga yana haske tsaye ba ya ƙyalli, yawanci duniya ce irin tamu, ka yi masa gicciye domin ba ya zama wuri ɗaya. Zara ta yamma da Gamzaki na asuba duk abu ɗaya ne, Zuhura.

Rubuta wuri da kwanan wata da awa a gindin takardar, in babu su zanen ya zama ado kawai. Taurari suna riga fitowarsu ta jiya da kusan minti 4 kowane dare, awa 2 a wata. Abin da ka zana ƙarfe goma a tsakiyar Nuwamba za ka same shi ƙarfe takwas a tsakiyar Disamba, in hazo ya bari. Wannan juyin ne manomanmu ke ƙirgawa da manzilai 28, wato masaukan wata a sama, masu kwana 13-13, ɗaya mai 14, su Zira'a da Nasara da Ɗarfa da Jabaha. Wani dattijo a unguwarmu ya ga takarduna ya ce, "Ɗana, ba dai duba ka fara ba?" Na ce, "A'a Baba, hanya da lokaci nake koyo." Ya zauna ya jero mini taurarin damina da ka, na rubuta su a bayan kwalin.

Masani Abdurrahman As-Sufi, a littafinsa na taurari na shekarar 964 miladiyya, ya zana kowane gungu sau biyu, yadda ake ganinsa a sama da yadda yake a jikin ƙwallon taswira, saboda wannan juyawar ta hagu da dama. Ya kuma rubuta wani ɗan gajimare da ba ya gushewa, wanda yau ake kira Andiromeda. A daren Nuwamba mai duhu yana can sama da M ɗin nan, wajen tsakar ka. Kada ka ƙura masa ido, kalli gefensa kaɗan zai fito, sai ka goga fensir da yatsa a gurbinsa.