Kurakuran da Dillalan Rabon Abincin Gwamnati Ke Yi Idan An Dakatar da Lasisinsu

Ranar da takardar dakatarwa ta iso wa dillalin da hukuma ta ba izinin raba hatsin tallafi ko sayar da shinkafar gwamnati a farashi mai rahusa, abin da ya fi yawan yi shi ne ya ninke ta ya sa a aljihu, ya shiga zaryar gidajen manya daga Unguwar Rimi zuwa Malali a garin Kaduna yana neman wanda zai sa baki. Babu kuskuren da ya kai wannan tsada, domin sashe na 2 na Dokar Kare Jami'an Gwamnati ta tarayya wata 3 kacal ya bayar na shigar da ƙara, kuma kwanakin da aka ɓata wajen kamun ƙafa ko zaman sulhu suna cikin lissafi. Gyaran shi ne ya kai wa lauya takardar a makon farko, ya kuma rubuta wa hukumar koke, ya tabbata an buga hatimin karɓa da kwanan wata a kan kwafin da zai riƙe. Lauyan ne zai duba ko dokar da ta kafa hukumar ta wajabta a ba ta sanarwa kafin a kai ta ƙara, ko a fara ɗaukaka koke a cikin gida.

Idan an isa kotu kuma, da yawa kan dage da rantsuwar cewa ko tiya ɗaya ba su karkatar ba. A irin wannan shari'a, alƙali ya fi duba hanyar da aka bi: shin an sanar da dillalin laifinsa a rubuce, an nuna masa rahoton masu bincike, an saurari bahasinsa, kuma jami'in da ya sa hannu yana da hurumin yin haka? Nan ne sashe na 36 na Kundin Tsarin Mulki na 1999, wanda ya ba kowa haƙƙin a saurare shi cikin adalci, yake aiki. Ko a Indiya, inda shagunan rabon abinci ke aiki ƙarƙashin dokar wadata ƙasa da abinci ta 2013, rashin sauraron mai shago na daga cikin hujjojin da ake kai wa manyan kotuna.

Wasu kan yi ɓatan kai wajen zaɓen kotu. Idan hukumar ta tarayya ce, sashe na 251 na Kundin Tsarin Mulki ya mayar da ƙalubalantar matakinta ga Babbar Kotun Tarayya. Idan ta jiha ce, sai Babbar Kotun Jihar Kaduna.

Sai batun littafin rabo, wanda a ganina shi ne ya fi kunyata mutanenmu. Za ka ga sito cike da buhuna a Kakuri, amma rajistar tana hannun yaron shago, shafi uku babu kwanan wata, gurbin dangwalen masu karɓa fayau. Cike giɓin bayan an dakatar da mutum ƙirƙirar takardu ne, kuma laifi ne mai zaman kansa. A miƙa wa lauya littafin yadda yake, tare da takardun shigowar kaya da rasit, kuma kada a fitar da ko buhu ɗaya daga siton sai da umarnin kotu ko izinin hukumar a rubuce.