Kurakuran da Aka Fi Yi Game da Aramiyanci da Asalin Baƙaƙen Rubutu

Duk wanda ya taɓa zama gaban malam da allo a cinya yana bitar babbaƙu ya riƙe gadon da ya daɗe ƙwarai, domin siffar waɗannan baƙaƙe ta biyo ta hannun Aramiyawa, mutanen da suka kafa ƙananan masarautu a ƙasar Sham, ciki har da Dimashƙa, tun wajen shekara 1000 kafin miladiyya. Ana yawan kawo sunansu idan ana maganar tsoffin hanyoyin rubutu, sai dai sau da yawa ba a bambance aya da tsakuwa.

Kuskuren da ya fi kowanne yaɗuwa shi ne cakuɗa harshe da rubutu, har mutum ya ce Larabci ya samo asali ne daga Aramiyanci. Abin da ya tabbata shi ne baƙaƙen Larabci ne suka fito daga baƙaƙen Aramiyanci, su kuwa harsunan biyu 'yan'uwa ne da suka haɗa kaka, kamar yadda suka haɗa da Ibrananci. Idan za a ce "sarkin", Balarabe yana cewa "al-malik", Ba'ibrane yana cewa "ha-melek", Ba'aramiye kuma yana cewa "malka", kowa da yadda yake sa alamar da ke nuna sananne, kuma babu wanda ya haifi wani a cikinsu. Bai kamata wannan ya yi wa Bahaushe wuyar ganewa ba, tunda muna rubuta Hausa da ajami da boko, amma ajami bai mayar da Hausa 'yar Larabci ba, boko kuma bai mayar da ita 'yar Latinanci ba. Gadar da ta haɗa rubutun Aramiyanci da na Larabci ita ce Nabaɗiyawa, masu birnin Petra na ƙasar Jodan da Mada'in Salih na Saudiyya, waɗanda galibinsu Larabawa ne amma suna rubuta al'amuransu da Aramiyanci. Da tafiya ta yi nisa hannunsu ya riƙa haɗe baƙi da baƙi saboda saurin alƙalami, sannan suka fara sa harshensu a cikin wannan rubutu. Shaidar da aka fi kawowa ita ce dutsen kabarin wani sarki da aka samu a Namara, a kudancin Siriya, mai ɗauke da shekarar da ta yi daidai da 328 miladiyya: harshen da ke kansa Larabci ne, baƙaƙen kuwa na Nabaɗiyawa ne. Saboda haka mai rubutu ya riƙa tambayar kansa a kowace jimla, shin harshe yake nufi ko baƙaƙe.

Akwai kuma masu cewa Aramiyanci ne rubutu na farko a duniya, kuma lissafin shekaru kaɗai ya isa ya warware wannan. Mutanen Sumar, a kudancin Iraƙi ta yau, suna danna alamomi masu kama da ƙusa a kan ɗanyen yumɓu tun wajen 3200 kafin miladiyya, Misirawa ma sun fara rubutunsu na zane a kusan wannan lokaci, wato fiye da shekara 2000 kafin a sami wani abu da aka rubuta da Aramiyanci. Baƙaƙe 22 da Aramiyawa suka yi aiki da su ma aro ne daga maƙwabtansu Finikiyawa na gaɓar tekun Labanan.

Wani kuskuren da ya fi wannan ɓoyuwa shi ne zaton cewa Aramiyawa sun yaɗa harshensu da ƙarfin takobi, kamar yadda aka saba gani a tarihin dauloli. Ba su taɓa kafa babbar daula ba, hasali ma su aka ci da yaƙi. Sarkin Assuriya Tiglat-Filesa na Uku ya kama Dimashƙa a 732 kafin miladiyya, kuma al'adar Assuriyawa ce su kwashe mutanen da suka ci su watsa su a sassan daular, sai waɗanda aka kwashe suka tafi da harshensu duk inda aka kai su. Sauƙi ya taimaka matuƙa, domin rubutun ƙusa yana buƙatar a haddace alamomi ɗaruruwa da kuma yumɓu mai nauyi, alhali baƙaƙe 22 da tawada da fata sun wadatar da marubucin Aramiyanci. A zanen da aka sassaƙa a bangon fadojin Assuriya ana ganin magatakarda biyu tsaye kusa da juna suna ƙidayar ganima, ɗaya da allon yumɓu, ɗaya da naɗaɗɗiyar fata. Da Farisawa suka karɓi mulki sai suka mayar da Aramiyanci harshen wasiƙun gwamnati, shi ya sa aka tono takardunsa na ƙarni na 5 kafin miladiyya a tsibirin Elefantin da ke kudancin Masar, aka kuma sami umarnin sarki Ashoka na Indiya an sassaƙa shi da Girkanci da Aramiyanci a Kandahar ta Afganistan. Abin da ya fi ba ni mamaki a wannan babi shi ne yadda magatakardan Farisa na baya suka ci gaba da rubuta kalmar Aramiyanci suna karanta ta da harshensu: a takarda "malka" ce, a baki kuwa "shah".

Wanda ya gano wannan tasiri yakan zarce ya jingina kowane rubutu ga Aramiyanci, wannan ma kuskure ne. Boko ya biyo ta hannun Girkawa da Romawa, su kuma Girkawa kai tsaye suka ɗauka daga Finikiyawa, don haka boko da ajami 'yan'uwa ne ta wajen kaka, suka rabu tun da wuri. Rubutun Habasha ya fito ne daga tsohon rubutun kudancin Larabawa, na Sin kuma da na Mayawan Amurka ta Tsakiya kowanne da kansa ya tsiro. Iyakar da rubutun Aramiyanci ya kai da gaske ta isa abin faɗa ba sai an ƙara gishiri ba, domin ta hannun 'yan kasuwar Sogdiyawa ya isa ga Uigurawa, daga nan Mongolawa suka ɗauka a zamanin Jengis Kan, suna rubuta shi daga sama zuwa ƙasa. Haka kuma baƙaƙen nan masu kusurwa da ake kira na Ibrananci a yau asalinsu na Aramiyanci ne, tsohon rubutun Ibraniyawa kuwa a hannun Samariyawa reshensa ya saura.

Malamanmu sun san sunan Suryaniyanci, ko don ruwayar da ta ce sahabi Zaidu bin Sabit ya koye shi, amma da yawa suna ɗaukar sa wani harshe dabam. Reshe ne na Aramiyanci da ya bunƙasa a birnin Ruha, wato Urfa ta Turkiyya a yau, ya zama harshen ibada da ilimi na Kiristocin Gabas. Cewa Aramiyanci ya mutu ma ba daidai ba ne, tunda har yanzu ana magana da rassansa a ƙauyen Ma'alula na Siriya, da yankin Tur Abdin na Turkiyya, da arewacin Iraƙi.

Kuskure na ƙarshe ya shafi aikin hannu, kuma ya fi kama masu nazarin rubuce-rubucen magabatanmu. Jerin "abajada hawaza" da ake hisabi da shi shi ne tsohon jerin baƙaƙen Aramiyanci: alaf, bet, gamal, dalat. Larabci yana da baƙaƙe 28, don haka aka ƙara shida a ƙarshe, aka kuma sa ɗigo domin a rarrabe waɗanda siffarsu ta zama ɗaya. Sai dai jerin mutanen Gabas da na Magrib sun saɓa a wasu gurabe, mu kuwa na Magrib muka gada, kamar yadda muka gaji sa wa fa ɗigo a ƙasa da sa wa ƙaf ɗigo ɗaya a sama. A lissafin Gabas shin (ش) 300 ce, a na Magrib kuwa 1000 ce. Idan mawaƙi ya rufe waƙarsa da ramzi, wato baƙaƙen da ke nuna shekara, wanda ya ƙunshi shin da ra da nun, yana nufin 1000 da 200 da 50, wato shekara ta 1250 bayan hijira, amma ɗalibin da ya ɗauko jadawalin Gabas daga intanet zai sami 550, ya mayar da waƙar baya da shekara 700 cif.