Wurin Fakin Ranar Wasan Kwando a Jami'ar Maryland

'Yan'uwa da ke shirin kai yara kallon ƙwallon kwando a Xfinity Center, zauren wasanni na jami'ar da ke garin College Park a Amurka, ga 'yar shawara. Zauren na ɗaukar mutum 17,950, kuma filayen ajiye mota da ke kusa da shi galibi masu tikitin kakar wasa gaba ɗaya ne ke cika su. Ku isa da wuri, kamar awa ɗaya da rabi kafin a fara. Don Allah kada ku ajiye mota a titunan unguwa, ana cin tara, wani lokaci har a janye motar. Ni kam na fi son in bar tawa a tashar jirgin ƙasa ta Metro da ke College Park, in hau bas ɗin jami'a. Ku sa wa yara rigar sanyi mai kauri, sanyin Janairu da dare ba wasa ba ne.