Motar Japan mai farfela: kurakuran da aka fi yi wajen saye da kulawa

Yawancin ƙananan motocin da ke kan titunanmu, irin su Corolla da Camry da Accord, tayoyin gaba ne suke jan su, kuma a kansu galibin makanikanmu suka saba aiki. Sai dai akwai wani dangi na motocin Japan da aka gina shi a wani tsari dabam: injin yana kwance a tsaye daga gaba zuwa baya, giyabos yana bayansa, sannan wani dogon ƙarfe da ake kira farfela ya ɗauki ƙarfin ya kai wa aksul ɗin baya, tayoyin baya su tura motar. A wannan dangi akwai Toyota Crown da aka fara ƙerawa a 1955, da Mark II wadda ƙasashen waje suka sani da sunan Cressida, da Mark X da ta gaje ta daga 2004 zuwa 2019, da kuma Lexus IS da GS da LS. Mafi yawan asarar da masu waɗannan motoci suke yi tana faruwa ne saboda ana kula da su kamar Camry, a duba abin da ke ƙarƙashin bonet kawai, a manta cewa rabin aikin motar yana ƙarƙashin kujerun baya. Zan fi kafa misali da Lexus IS 250 ta shekarun 2006 zuwa 2013, domin tana cikin waɗanda aka fi shigowa da su daga Amurka.

Kuskuren farko tun a wurin saye ake yin sa. Mai saye zai zagaya mota, ya shafa fenti, ya kunna na'urar sanyaya ciki, ya saurari ƙarar inji, amma ba zai nemi a hau da ita kan rami ba. Alhali a ƙasa ake ganin ko aksul yana tsiyayar mai, ko robar da ke riƙe tsakiyar farfela ta tsage, ko tsatsar gishirin da ake zubawa a titunan ƙasashe masu ƙanƙara ta ci ƙarfen. A nan ne kuma za a gane ko motar mai ja da tayoyin baya ce kaɗai ko mai ja da huɗu, domin IS 250 ta zo iri biyu, kuma kayan gyaransu na ƙasa ba ɗaya ba ne. Haka nan mutane da yawa suna karanta mitar motar Amurka a matsayin kilomita, alhali mil take ƙirgawa: motar da ta nuna 120,000 ta yi tafiyar fiye da kilomita 190,000 ke nan. Lambar shaidar mota mai haruffa da alƙaluma 17 tana nan a gindin gilashin gaba, kuma da ita ake binciken ko motar ta taɓa yin mummunan haɗari ko ambaliya ta cinye ta kafin a loda ta a jirgi. Game da Mark X da Crown da aka yi don kasuwar Japan, sitiyarinsu a dama yake, yayin da Najeriya ta koma bin hannun dama tun 1972, Ghana kuma a 1974. Saboda haka ake juya musu sitiyari, kuma juyin da aka yi da yanke-yanken waya da walda a jikin sandar sitiyari abin gudu ne, komai arahar motar.

Bayan saye, abin da aka fi mantawa da shi shi ne man aksul ɗin baya. A motar da ke ja da gaba babu wannan tukunya a ware, don haka mai juye bai saba tambaya ba, mai mota ma bai san akwai ta ba. Mai kaɗan ne a cikinta, lita ɗaya da 'yan kai a IS 250, amma haƙoran da ke ciki suna gugar juna da nauyi mai yawa, shi ya sa suke buƙatar mai na musamman mai lambar GL-5, kaurin 75W-85 a wannan mota. Baƙin man inji ko man giyabos ba ya maye gurbinsa. Alamar an makara ita ce wani kuka siriri daga baya wanda yake tashi idan an taka totur, ya lafa idan an ɗaga ƙafa, kuma idan ya fara, sabon mai zai iya rage shi amma ba zai mayar da ƙarfen da ya cinye ba. A ganina, sauya shi duk kilomita 40,000 ya dace da zafi da ƙurarmu, sannan a sake dubawa duk lokacin da motar ta ratsa ruwa mai zurfi da damina, domin akwai ƙaramar kafar shan iska a saman aksul da ruwa ke iya bi. Idan man ya fito fari-fari kamar koko, ruwa ya shiga. Wurin aikin kuma a lura da hannun yaron gareji: ya fara kwance noti na sama da ake zuba mai ta cikinsa kafin ya taɓa na ƙasa. Sau da yawa na saman yana ƙin kwancewa, kuma wanda ya riga ya zubar da tsohon mai zai tsaya da motar da ba ta da hanyar shan sabo.

Giyabos ma yana da nasa ruɗanin. Na IS 250 mai canji shida ne, ba shi da sandar gwada mai, kuma hakan ya sa wasu suka ɗauka ba a taɓa sauya man har abada, wasu kuma suka bar makaniki ya zuba duk jan man da ya samu a shago. Duka biyun kuskure ne. Man da aka yi shi da shi ana kiransa WS, tsofaffin GS 300 da IS 300 kuwa T-IV suke sha, kuma ba a haɗa su. Ana auna yawan man ne ta wani noti da ke ƙasan faranti, inji yana aiki, motar tana daidai a miƙe, man kuma ya kai zafin da kamfani ya ƙayyade, wanda da kwamfutar gwajin mota ake karanta shi. Makanikin da ya ce zai auna da ido, a ba shi haƙuri a nemi wani. Idan kuma motar ta yi tafiya mai yawa ba a taɓa sauya man ba, ya fi aminci a zubar da abin da ya fito a mayar da kwatankwacinsa, a maimaita bayan wani lokaci, maimakon a tura shi gaba ɗaya da inji mai matsi.

A wajen inji, dole ne mai mota ya san wane iri yake da shi, domin shawarar da ta dace da ɗaya tana iya cutar da ɗayan. Injin IS 250, mai suna 4GR-FSE, silinda shida ne mai lita 2.5, kuma yana fesa fetur kai tsaye cikin silinda. Saboda fetur ba ya bi ta kan bawul ɗin shigar iska balle ya wanke su, baƙin dauɗa yakan taru a bayansu, motar ta riƙa karkarwa da safe, tana shan mai fiye da da, fitilar inji ta kama. A nan ake ɓarnar kuɗi: a sauya fulogi, a sauya koyil, a zuba kwalaben maganin wanke nozul a tanki, alhali maganin da ke cikin fetur ba zai taɓa isa wurin da dauɗar take ba. Gyaran shi ne a cire bututun shigar iska a kankare bawul ɗin. IS 350 ba ta fama da wannan sosai, domin injinta yana da nozul iri biyu, ɗaya yana fesawa a bayan bawul. Abin da ke jinkirta taruwar dauɗar shi ne baƙin mai mai kyau, na kaurin da aka rubuta a kan murfi ko a littafin mota, da yin juye a kan lokaci, da kuma sakin motar a doguwar hanya jefi-jefi. Al'adar zuba mai mai kauri irin 20W-50 da hujjar cewa ƙasarmu da zafi ba ta dace da injin da ke da ƙananan hanyoyin mai masu sarrafa lokacin buɗewar bawul ba. Wajen daidaita lokacin buɗewar bawul, injin IS 250 sarƙa yake amfani da ita, amma 2JZ-GE da ke cikin GS 300 ta 1998 zuwa 2005 da IS 300 bel yake da shi, wanda ake sauyawa wajen mil 90,000, kuma idan ya tsinke ana tafiya fistin zai iya dukan bawul. Wanda ya sayi irin wannan mota ba tare da shaidar an sauya bel ɗin ba, ya ɗauka ba a sauya ba.

Sai kuma tsohuwar ɗabi'ar cire tamostat da haɗa fanka kai tsaye da zarar mota ta sauka daga Kwatano ko Legas. Tamostat yana buɗewa ne wajen digiri 82, kuma aikinsa shi ne ya kai inji zafin da ya dace da sauri ya riƙe shi a nan. Idan aka cire shi, kwamfutar motar za ta riƙa ganin inji da sanyi, ta ƙara fetur, dauɗar da muka ambata ta ƙaru. Motar da ke zafi tana da dalili: lagireto ya toshe, ko famfon ruwa yana yoyo, wanda ake gane shi da busasshen ruwan hoda a gefensa, ko murfin lagireto ya saki. Ruwan rijiya ko na leda ba ruwan lagireto ba ne.

Tayoyi suna da wani sirri da mai faci ba lallai ya sani ba. A IS 250 mai ja da baya kaɗai, tayoyin baya sun fi na gaba faɗi: a rim 17, gaba 225/45 ne, baya 245/45. Ba a musanya na gaba da na baya, kuma sayen guda huɗu masu lamba ɗaya don sauƙin kuɗi yana rage riƙon da bayan motar yake da shi. Idan kuɗin biyu kawai ake da shi, sababbin su tafi baya. Dalili kuwa shi ne irin wannan mota bayanta ne yake fara sulɓewa idan aka taka totur da ƙarfi a kwana, musamman a ruwan farko na damina lokacin da ƙura da mai suka kwaɓe a kan kwalta, ko a wurin da yashi ya hau titi. Na'urar hana sulɓewa da ake kira VSC tana kama motar idan ta fara juyawa, saboda haka barin fitilarta a kunne wata da watanni, ko kashe ta da gangan don a yi wasa da mota a wurin biki, ganganci ne da rayukan mutane. Mai sayen taya ta hannu kuma ya duba alƙaluma huɗu da ke gefenta: 2319 na nufin mako na 23 a shekarar 2019. Iskar da za a ba ta tana rubuce a jikin ƙofar direba.

A ƙafafu akwai wurare biyu da suka cancanci a sa musu ido. A tsofaffin IS 300 da GS 300, boljoyin na ƙasa, wato mahaɗin ƙarfe da ke riƙe ƙafar gaba, shi yake ɗauke da nauyi, kuma idan ya ci ya ƙare yana iya fita ba tare da dogon gargaɗi ba, taya ta kwanta a ƙarƙashin mota. Wannan ba wurin neman araha ba ne. A kasuwannin kayan mota irin su Kofar Ruwa ko Panteka ko Ladipo za a nuna maka kashi-kashi, ka ɗauki na asali. A IS 250 kuwa, fil ɗin da birkin baya yake zamewa a kansa yakan ƙafe, ɓangare ɗaya na birkin ya cinye ya bar ɗayan, kuma shafa masa giris mai jure zafi a duk lokacin da aka kwance taya ya isa ya hana hakan. Ɗaga motar da ƙarin roba saboda tudun rage gudu yana canza kusurwar ƙafafun baya, don haka idan ya zama dole a yi kaɗan, a sake saita alaimen na ƙafa huɗu. Dashbod ɗin waɗannan shekaru yana narkewa ya yi danƙo a rana, inuwa da marufin gilashi ne kariyarsa.

Idan motar ta tsaya a hanya, kada a bari a ɗaure mata igiya, ko janwe ya ɗaga gabanta ya ja ta tayoyin baya suna birgima a ƙasa. Ko da giya tana firi, farfela za ta riƙa juya kayan cikin giyabos, alhali famfon da ke watsa musu mai da inji yake aiki, inji kuwa a kashe yake. Tafiyar da ba ta taka kara ta karya ba tana iya ƙona giyabos ɗin da lafiyarsa ƙalau. A nemi motar ɗauka mai shimfiɗaɗɗen baya a ɗora ta gaba ɗaya, idan kuma babu ita a kusa, makaniki ya kwance farfelar daga aksul ya ɗaure ta sosai kafin a fara ja.