Ku rufe amsar tukuna

Salamu alaikum 'yan uwa masu fama da liniya aljabara (lissafin matiris, wato jadawalin lambobi) a nan Sakkwato. Littafin da aka warware lissafinsa yana da amfani ƙwarai, amma kar ku karanta shi kamar jarida. Haka na yi a baya, na shiga jarrabawa kaina ya ɗauke.

Yanzu da kwali nake rufe amsar, in yi nawa a takarda, sannan in buɗe in bi layi-layi. Nan na gano alamar debewa ce ke kayar da ni wajen ditaminan, wato lamba ɗaya da ake fitarwa daga matiris. Ku fara da matiris 2×2, mai a da b a layin sama, c da d a layin ƙasa, wanda ditaminan ɗinsa shi ne ad − bc, har ya zauna. Ku ɗauki matiris biyu, A da B, ku lissafa ninkinsu AB sannan BA da hannunku, galibi amsar ba ɗaya ba ce. Yin wannan aikin bayan Asuba ya fi, kafin rana ta take.