Yadda Za Ku Zana Taswirar Ƙauyenku, Ku Ƙirga Jama'arsa da Kanku

Rabon da a yi ƙidayar jama'a ta ƙasa a Sudan tun 2008, kafin Kudu ta ɓalle a 2011. Jariran da aka rubuta a wancan lokaci yau wasunsu sun isa aure. Ga kuma yaƙin da ya ɓarke a Afrilun 2023, wanda ya tayar da miliyoyin mutane daga gidajensu, har ƙauyuka da dama a jihohin Sinnar, Gadarif da Kasala suka cika da 'yan uwan da suka gudo. Duk da haka, idan ma'aikacin mahaliyya, wato ƙaramar hukuma, ko na wata ƙungiyar agaji ya tambayi shehun hilla, wato mai gari, yawan mutanensa, amsar da zai samu ita ce "ai mun kai dubu biyar." Da wannan ƙiyasi kuwa ake raba iri, gidan sauro, allurar rigakafi da famfo. In an kumbura lambar, ranar da aka gane an daina yarda da ku. In an rage ta, ku kuka cuci kanku.

Aikin bai fi ƙarfin kwamitin ƙauye ba. Ƙauye mai gida 300 yana buƙatar mutum goma sha biyu, a raba su bibbiyu, namiji da mace, sai mutum ɗaya mai duba aikin kowace yamma. Macen ba ƙari ba ce: ita ce za ta shiga cikin gida inda namiji zai tsaya a zaure, kuma rabin bayanin yana can ciki. Kayan aiki kuwa: littafi mai kaurin bango ga kowane rukuni, fensir da biro, igiya mai tsawon mita 50, babban kwali, gwangwanin fenti, da waya ɗaya mai taswira idan akwai.

Kada ku tashi aikin da damina. Baƙar lakar wannan yanki ba ta barin ko amalanken jaki ya wuce, mutane kuma suna gona. Lokacin yankan riɗi da na dawa ma bai dace ba, don samari sun tafi aikin manyan gonakin Gadarif. Ranakun Sallah garin cike yake da baƙi. Daga Fabrairu zuwa Maris ya fi, bayan an gama shigo da amfani, kafin zafi ya tsananta.

Ƙasa tukuna, mutane daga baya

Wanda ya fara ƙirga kai bai zana taswira ba, lalle zai tsallake wata unguwa ya shiga wata sau biyu. Ku fara a ƙasa, a inuwar bishiya, ba a takarda ba. A tara dattawa su ja layin kogi da hanya da toka, a ajiye dutse a matsayin masallaci, totuwar masara a matsayin rijiya. Mutumin da ba zai taɓa biro ba, zai miƙe da sandarsa ya gyara zanen ƙasa. Washegari a sake yin haka da mata su kaɗai. Su ne suka san rijiyar da ke yin gishiri a bazara, da hanyar itace, da kwarin da ke hana yara zuwa makaranta in an yi ruwa. Sai bayan an daidaita a kwafe a kwali.

Akwai kuskuren da Bahaushe ke saurin yi a nan. Mun gaji kiran alƙibla "gabas" tun daga ƙasar Hausa, amma daga Sinnar ko Gadarif Makka tana arewa maso gabas ne, har ma ta fi karkata arewa. Idan kuka ɗauki fuskar masallaci a matsayin gabas, taswirar gaba ɗaya ta juya, ba za ta haɗu da ta hukuma ba. Ku duba arewa da kamfas ɗin waya, ku ja kibiya a saman kwalin.

Nisa da taku ake auna shi. A shimfiɗa igiyar sau biyu a samu mita 100, mai awo ya taka sau uku da tafiyarsa ta kullum, a ɗauki matsakaici. A ce ya samu taku 130. To idan daga masallaci zuwa bakin kogi ya yi taku 650, nisan mita 500 ne. Mutum ɗaya zai yi awon duka, domin takun kowa daban, kuma a sake gwada shi a kan laka mai tsagewa, inda taku ke gajarcewa. A kwali a bar santimita ɗaya ta tsaya a madadin mita 20. Ƙauye mai faɗin kilomita ɗaya zai ci santimita 50. Waya tana taimakawa wajen ɗaukar matsayin rijiya, makaranta da maƙabarta, amma takan kauce da 'yan mitoci, don haka ba a raba iyakar gona biyu da ita.

Ga ƙauyukan bakin kogin Nil Azrak, irin su Mai Wurno da Muhammadu Bello ɗan Sarkin Musulmi Attahiru ya kafa a 1906 a kudu da Sinnar, da na bakin kogunan Dindir da Rahad, layi mafi muhimmanci a taswirar shi ne inda ruwa ya taɓa kaiwa. Kogi yana cika ne a Agusta zuwa farkon Satumba. Ku tambayi tsofaffi inda ambaliyar 1988 ta tsaya da inda ta 2020 ta tsaya, su kai ku wurin da ƙafa, ku ja layi biyu da jan biro. Duk gidan da ya faɗa cikin layin a sa masa alama. A nuna kuma gaɓar da kogi ke ci, abin da ake kira haddam: a kafa turke mita 20 daga bakin gaɓa, a riƙa aunawa bayan kowace damina. Filin jarf da ake nomawa bayan ruwa ya janye ba a zana masa iyaka da biro, da fensir ake yi, don kowace shekara kogi yana ƙara wa wani ya rage wa wani.

Gona da fadan ake lissafa ta, murabba'in mita 4,200, wato fili mai mita 60 a 70. Gonar da ba ta miƙe ba a yanka ta gida-gida a auna kowane yanki. Masu ninka gefe mafi tsawo da gefe mafi faɗi su ne ke mayar da fadan uku ya zama biyar.

Iyakar ƙauye da maƙwabta da burtalin makiyaya kuwa, kada ku zana su ku kaɗai. A gayyato shehun ƙauyen da ke kusa da wakilin makiyaya, a taka tare. Inda ba a yarda ba a sa ɗigo-ɗigo, a rubuta "ba a daidaita ba." Wanda ya san abin da rikicin filaye ya jawo a jihar Nil Azrak a 2022 ba zai ɗauki layi a kan kwali da wasa ba.

Daga nan sai lamba. Kowace unguwa harafi, kowace ƙofar gida lamba, da fenti, don alli ba ya kwana biyu a jikin zana. Mai sa lamba ya riƙa tafiya katanga tana hagunsa har ya zagayo inda ya fara. Kangon da ba kowa ma a ba shi lamba. Rumfunan 'yan gudun hijira a makaranta, bukkokin masu gadin lambu a bakin kogi, zangon masunta, da tsangayar almajirai duk su shiga, domin su aka fi mantawa.

Tukunya, ba gida ba

Gida ɗaya na iya ɗaukar uba da 'ya'yansa uku masu aure. Abin da ake ƙirgawa shi ne tukunya: mutanen da ke ci daga girki ɗaya. Kishiyoyin da ke karɓa-karɓar girki tukunya ɗaya ce. Ƙanin da ya ware murhunsa tukunya ce daban, ko da ƙofa ɗaya suke shiga. A littafi sai a rubuta B-14/1, B-14/2.

A tsayar da dare ɗaya, a sanar a masallatai bayan Juma'a: wanda ya kwana a ƙauyen a wannan dare shi ne "yana nan." Ɗan gida da ya tafi ci-rani, ko karatu, ko jinya, a rubuta shi amma a sa "ba ya nan" da inda yake. Ta haka za ku fita da lamba biyu, ta masu shan ruwan ƙauyen yau, da ta waɗanda za su dawo da damina. Kowane mutum layi ɗaya: suna, dangantaka da mai gida, namiji ko mace, shekaru, yana nan ko ba ya nan, karatu, ciki ko goyo, naƙasa ko doguwar cuta, da ko ya zo ne bayan Afrilun 2023. Rukuni ɗaya zai iya tukunya 20 a rana. Wanda ya kawo 50 a zaune ya rubuta su.

Kada a buɗe gurbin ƙabila, ko lambar ɗan ƙasa, ko dukiya. Da zarar an tambayi Bahaushen Sudan takardar jinsiyya, wato shaidar zama ɗan ƙasa, zuciyarsa ta tafi wani wuri, kuma yana da dalili. Tambayar shanu nawa kuwa haraji take tunawa mutum. Dabbobi a ƙirga su a mashaya da safe, ba da sunan mai su ba.

Wurin tambaya ne aikin ke lalacewa ko ya gyaru. Kada a ce wa mai gida "ku nawa ne?" Da yawa ba sa son faɗin adadin 'ya'ya don tsoron baki, wasu kuma za su ce "muna da dama, alhamdu lillahi." A ce, "Baba, faɗa mini sunayen waɗanda suka ci tuwon gidan nan jiya da dare," a bar lissafin ga littafi. Uwa ba za ta ambaci ɗan farinta ba saboda kunya, sai a tambayi kishiya ko kaka. Jaririn da ba a yi sunansa ba ana tsallake shi, don haka kafin a fita a ce, "Inna, akwai mai jego a gidan nan?" A tambayi tsohuwar da ke kwance a ɗaki, da bazawarar da ta dawo gidan iyaye, da yaron da ke kwana a zaure. Waɗannan su ke ɓacewa.

Masu shiga sau biyu kuma sanannu ne. Mai mata biyu a gida biyu, a rubuta shi inda ya kwana a daren ƙidaya. 'Yar riƙo tana wurin mai riƙonta, ba wurin mahaifiya ba. Almajirin da iyayensa ke cikin ƙauyen amma yana kwana a tsangaya, a bar shi a lissafin malam. Amaryar da ta tare tana gidan miji.

Shekaru su ne suka fi wuya. In aka bar mutane da ƙiyasi, rabin ƙauye zai zama ɗan 30, 40 da 50 cif. Ku rubuta jerin abubuwan da kowa ya sani a bangon littafi: hawan Numairi a 1969, yunwar 1984 zuwa 1985, ambaliyar 1988, hawan Bashir a 1989, rabuwar Kudu a 2011, ƙara tsayin madatsar Rusairis da aka gama a 2013, saukar Bashir a 2019. A ƙara da na gida, kamar shekarar da aka gina masallacin Juma'a. Sai a tambaya: "Lokacin yunwa kin yi aure?" "An yaye shi kafin yaƙi ko bayan?" Yaran da ba su kai biyar ba a nemi katin rigakafinsu, a rubuta wata da shekara.

Kowace yamma mai dubawa ya bi taswira ya soke lambar da aka gama. A ƙarshe a zaɓi tukunya ɗaya cikin kowace goma, wani rukuni daban ya koma ya sake tambaya. Idan a unguwa ɗaya aka samu saɓani a fiye da biyu cikin goman da aka sake, a maimaita unguwar. A kuma duba jimla: ƙananan yara maza da mata ya kamata su zo kusan daidai, 'yan ƙasa da shekara 15 kuma su kai wajen biyu cikin biyar na jama'a. In 'yan mata ƙanana suka yi ƙasa sosai, ba a shiga cikin gida ba ne.

Amfanin farko na lambar shi ne ruwa. Ma'aunin da ƙungiyoyin agaji ke bi shi ne aƙalla lita 15 ga mutum a rana, famfon tuƙa-tuƙa ɗaya ga mutum 500, kuma kada nisan wurin ɗiba ya wuce mita 500. A ce kun samu mutum 2,400. Suna buƙatar lita 36,000 a rana, jarka 1,800 ke nan mai lita 20, da famfo biyar. Shanu 300 a lita 25 sun sha 7,500, tumaki da awaki 1,000 a lita 5 sun sha 5,000. Jimla 48,500. Hafiri, wato tafkin da aka haƙa don tara ruwan damina, mai mita 60 a 40 da zurfin ruwa mita 2 bai wuce lita miliyan 4.8 ba, wato kwana 99 a takarda. A zahiri bai kai ba, don gefensa gangare ne, rana tana sha, ƙasa tana sha. A kafa sanda mai zane a cikinsa a riƙa karantawa kowace Juma'a daga Janairu, za ku san makon da zai ƙafe tun da saura lokacin neman tanka.

Littafin sunaye ba ya barin ƙauye. A yi kwafi biyu, ɗaya wurin shehu, ɗaya wurin limami ko shugaban makaranta, a naɗe cikin leda saboda gara da yoyo. Abin da ake miƙa wa baƙo takarda ɗaya ce mai jimla: tukwane nawa, maza, mata, 'yan ƙasa da biyar, masu ciki, waɗanda suka gudo, tare da ranar da aka yi ƙidayar. Kada a ɗauki hoton shafukan suna a tura ta WhatsApp. A bar shafi goma a ƙarshen kowane littafi: ungozoma ta kawo haihuwa ranar suna, limami ya kawo rasuwa bayan jana'iza, mai unguwa ya kawo wanda ya tare da wanda ya tashi, a zauna a haɗa su duk bayan wata uku.